Saura wata biyu ko uku buki, kai ya ɗau zafi: tambayoyi da amsoshi ga amare, angwaye da iyayensu a Tawa

Assalamu alaikum 'yan uwa. Sana'ata girkin buki ce da hayar tukwane da kujeru a nan Tawa, to kusan kullum ina cikin gidajen da ake shirin aure, kuma tambayoyin da ake turo min ta bokal, wato saƙon murya na waya, kusan iri guda ne, yau amarya ce gobe uwarta, wani sa'in ango ne daga Abijan zai kira da tsakar dare hankali tashe. Shi ya sa na ce bari in tara su wuri guda in amsa iya abin da Allah ya sanar da ni, wanda ya karanta ya tura ma wanda ke cikin hidima.

Anti, saura wata uku, abubuwa sun taru sun min yawa, ta ina zan fara?

Ƙanwata fara da sayen kaye da bik, wato littafin rubutu da alƙalami. Da gaske nake. Ki zamna ke da inna ko wadda ta riƙe ki bayan sallar isha'i, ku rubuta duk abin da ya rage, babba da ƙarami, har da allura in ba a saya ba. Abin da ke hana ki barci shi ne komi a cikin kanki yake, kina juya shi dare da rana don tsoron kar ki manta.

In kun gama sai ku raba shi kashi uku. Na farko abin da aure bai ɗauruwa sai da shi: waliyyi, sadaki, shaidu, yardarki da tashi, sai a sanar da liman rana da wuri. Na biyu abin da za ki rayu da shi bayan jama'a sun watse, wato ɗakin da za ki shiga an gyara shi ko ba a gyara ba, katifa, tukwane, abincin watan farko, gwajin jini, takardar aure. Na uku kuma na idon mutane, inifam, koktel, sono, masu hoto, canjin kaya kala-kala. Ki duba da kyau za ki ga kashi na farko gajere ne ƙwarai kuma yawanci ma an riga an gama da shi, na biyu shi ne ke son kuɗɗi da natsuwa, amma wanda ke sa ki kuka na ukun ne. Ban ce a yar da shi ba, buki ai farin ciki ne, amma shi ne ƙarshe a layi.

Sannan kowane layi a rubuta sunan mutum guda a gabansa. Goro da dabino kawu wane, kujeru da bash (rumfar tanti) yaya wane, tela ƙawarki wance. Ba "dangi za su yi" ba, suna. Duk layin da anka bari ba suna, kanki zai dawo a satin ƙarshe.

Kullum sai wata gwaggo ta zo da sabon abu ta ce ba a aure sai da shi. Yaya zan yi ban ɓata mata ba?

Ba ke za ki ce mata a'a ba, wannan ba hurumin amarya ba ne, kuma in kinka faɗa da bakinki za a riƙe shi shekara da shekaru. Ke dai ki durƙusa ki ce to gwaggo, Allah shi ƙara girma, zan faɗa ma inna. Inna ko baba ko babban kawu su ne masu cewa an rufe lissafi. Shi ya sa nake ba iyaye shawara su tsai da rana, kamar wata guda kafin buki, su ce daga yau ba a ƙara komi. Wadda ta matsa lallai sai an yi, a ce mata cikin mutunci, madalla Hajiya, mun bar wannan a hannunki. Wata za ta yi da aljihunta kuma alheri ne, wata za ta yi shiru, duka biyun an rabu lafiya.

Kuɗɗi sun kasa. In ci bashi ne?

Wannan ita ce tambayar da ta fi ci min rai, don na ga gidajen da anka yi buki na kece raini, wata shida bayan nan uwar amarya ba ta iya bi ta wata hanya cikin kasuwa saboda mai atamfa. Ra'ayina a fili yake: bashin katifa ko na gyaran ɗaki, in ƙarami ne kuma an san ranar da kwasar adashe za ta zo a biya, ana iya ɗauka. Bashin koktel da inifam da mai kiɗa kuwa a'a.

Addini bai ɗora muna wannan nauyin ba. A mazhabar Malikiyya da muke bi mafi ƙarancin sadaki rubu'in dinari ne ko dirhami uku, kuma Annabi (SAW) ya ce ma Abdurrahman ɗan Aufu ya yi walima ko da da akuya guda ce. Sauran duk mu munka ƙara ma kanmu. Ga shi tun 2023 da anka rufe iyakar Benin kayan waje sun ƙara tsada, lissafin da anka yi ma yayarki shekara huɗu baya ba zai yi miki ba, kada a kwatanta.

Abu biyu kuma. Kada ku sa gudummawar dangi da ƙawayen inna cikin lissafi tun ba ta shigo hannu ba, wadda kuke sa ran jika hamsin daga gare ta tana iya zuwa da jika goma don ita ma tana da nata. Kuma a rubuta duk abin da anka kawo da sunan mai shi, ai kun san buki rance ne, ranar nata za a mayar. Na biyu, ku ware kashi ɗaya cikin goma na kuɗɗin ku ɓoye wurin mutum mai riƙon amana, saboda ƙananan abubuwan da ba mai tunawa da su sai ranar: itace da gawayi, cikon gaz, niƙa, galas (ƙanƙara), piyawata, kuɗin adaidaita na aike sau ashirin, sabulun wanke-wanke, kredin waya, ɗan abin da za a miƙa ma maroƙa da masu wanke tukwane. Waɗannan su ke cinye aljihu ba a sani ba.

Ni ango ne, ina Abijan wurin bida, komi ta waya nake yi kuma kullum ana ce min kuɗɗi sun ƙare.

Ɗan uwa wannan matsalar rabin angwayen Adar ce, wato yankinmu na Tawa, ko kana Abijan ko Libiya ko Aljeriya. Kuskuren shi ne turo ma mutum biyar, yau ƙanenka gobe babban aboki jibi innarka, ƙarshe ba wanda ya san jimilla kuma kowa na zargin kowa. Zaɓi mutum guda, ka faɗa ma kowa cewa shi ne, duk abin da ka turo ta Nita ko Amana ko hannun ɗan gari ya bi ta wurinsa, shi kuma ya ɗauki hoton resi da hoton kayan ya turo maka. Ba rashin yarda ba ne, kare zumunci ne, ka faɗa masa haka tun farko. Kuma ka bambanta kuɗin balis (lefe) da na gyaran ɗaki da na goro, kada ka turo dunƙule ka ce a san yadda za a yi.

Ka yi ƙoƙari ka iso gida aƙalla kwana goma kafin ranar, hanya ba ta da tabbas kuma akwai gaishe-gaishen surukai da gwajin jini da ba mai yi maka. In Allah bai nufa ka iso ba aure na ɗauruwa da wakili, ka naɗa shi tun yanzu gaban shaidu hankalin kowa ya kwanta.

Tela ya riƙe min kaya, kullum gobe.

Kada ki ba shi ainihin ranar buki, ki ce kina son kayan sati biyu kafin nan. Rabin kuɗi abans, rabi sai kin gwada. Kada ki zuba kaya duka wurin tela guda, kuma in bukinki ya faɗo kusa da sallah ko cikin Sha'aban lokacin da kowa ke rige-rigen aure kafin azumi, ki kai ɗinki tun yanzu yanzu. Wanda ya riga ya riƙe, a tura masa namiji babba ya zamna shagon, yawanci a ranar ake gamawa. Kayan da za ki sa ranar ɗaurin aure da na kai amarya su ne farko, sauran ko bayan buki sunka fito za ki sa su.

An sa rana, an kai kaya, yanzu kuma ana maganar gwajin jini. Bai yi latti ba?

Ya kamata a ce tun kafin sa rana anka yi, amma yau ta fi gobe. Ku tahi ku biyu, cikin satin nan. Abin da ake dubawa sikila, ciwon hanta nau'in B, da sida. A kan sikila ku nemi gwajin da ake kira elektroforez, shi ne ke faɗa maka ko kai AA ne ko AS ko AC ko SS, don ƙaramin gwajin nan na Emmel yana nuna akwai S a jini ne kawai bai rarrabe AS da SS. Ku tambaya a babban asibitin jaha ko labo, a Yamai kuma akwai cibiyar ƙasa ta masu sikila da wannan ne aikinta.

Ku fahimci lissafin da kyau don mutane na ruɗewa a nan. In ke AS ce shi ma AS, kowane ciki da za ki ɗauka akwai yiwuwar ɗaya cikin huɗu ɗan ya zo SS, wato mai ciwon sikila. Ba wai cikin ɗiya huɗu guda ne kawai zai samu ba, a'a, kowane ciki lissafinsa sabo ne, ana iya samun uku a jere, ana iya rasa ko guda. AS da AC ma suna iya haifar SC, shi ma ciwo ne. Mai AS lafiyarsa lau yake yawo, ba a ganewa da ido, shi ya sa "ai danginmu ba mu da shi" ba hujja ba ce.

In sakamako ya fito ba yadda ake so ba, kada ku yanke komi ku biyu cikin kuka, kuma kada a ɓoye. A zamna da lokotoro ya yi bayani, a zamna da iyaye da malami. Na san zafin fasa aure bayan an raba goro, wallahi na sani, amma duk wadda ta taɓa kwana a likita da yaro mai sikila yana kukan ƙashi za ta gaya miki wanne ya fi zafi. Ciwon hanta kuwa ba lallai ya hana aure ba, akwai allurar rigakafi ga wanda bai da shi, lokotoro zai tsara muku.

Bukinmu ya faɗo cikin zafi. Mi za mu tanada?

Afrilu da Mayu a Tawa kun san yadda suke, rana na wuce digiri 40 kuma lokacin ne kuran ya fi ɗaukewa. Ruwan sha ya fi komi, ku ninka abin da kunka yi niyya, a kama mai galas tun da sati ba ranar ba, a cika tanki da randuna tun jajibiri don pampo ma na iya tsayawa. In akwai sono ko firigo a nemi grup, wato injin wuta, da esansinsa a ajiye. Tsofaffi a sa su inuwa mai iska, zaman mata a ja shi zuwa bayan la'asar. In damina ce, musamman Agusta, bash kaɗai bai isa ba don iskar da ke zuwa gaban hadari tana ɗaga shi, a roƙi maƙwabci ɗaki ko zaure tun da wuri, itace kuma a shigar da shi ciki. Amarya ki kwana cikin gidan sauro, kada masassara ta kwantar da ke satin buki. Na hunturu su sunka more, sai dai ƙura, a rufe abinci.

Abincin mutum nawa za a dafa tunda ba a san masu zuwa ba?

Mu nan ba a ƙidaya baƙi, wanda anka gayyata zai zo da wanda ba a gayyata ba kuma ba a korar kowa. Abin da nake yi shi ne a ƙiyasta da tire, a ƙirga gidajen da dole a kai ma, dangin ango, maƙwabta, fadar abokan ango, malamai, a cire nasu tun tukunya na kan wuta a rufe a aika. Sannan a dafa zubi biyu, kada a juye shinkafa duka lokaci guda, in na farko ya isa ta biyun ɗanya ce ta zama ta amarya. Makullin ɗakin kayan abinci hannun mace guda, mai iya cewa a'a tana murmushi. Cikin zafi miyar da anka gama da safe kada ta wuni a rufe har dare, tana lalacewa ta ɓata ma mutane ciki.

Ƙawaye sun kawo min mai da haɗin gyaran jiki, wai in yi haske kafin ranar.

Ɗiyata ki rufa ma kanki asiri. Yawancin man nan na saurin haske akwai sinadarai masu ƙarfi a ciki da ke sa fata ta yi siriri, ta yi nankarwa da ƙuraje da baƙin tabo a gaɓoɓi, kuma in rana ta buge ki abin ya fi muni. Dilka da kurkum da lalle na gargajiya da hutu cikin inuwa sun isa. Ƙa'ida guda: duk abin da ba ki taɓa shafawa ko sha ba, kada ki fara shi a sati biyun ƙarshe. Baƙin lallen nan na zane ma akwai masu kumbura da shi saboda sinadarin rini da ake sa masa, a ɗiga miki kaɗan a hannu a jira kwana biyu a gani kafin a zane ki duka. Haɗe-haɗen sha da na matsi da ba a san abin da ke ciki ba, ki bar su.

Ba ni barci, ba ni cin abinci, abu kaɗan sai kuka. Lafiya nake kuwa?

Lafiyarki lau in sha Allah, kuma ba ke kaɗai ba ce. Za ki bar ɗakin da kinka girma, ki bar inna da ƙannenki, ki koma cikin mutanen da ba ki saba da su ba, ga hidima ga maganganun mutane, dole zuciya ta yi nauyi. Ki yi kukanki, ba rashin godiya ba ne. Amma ki taimaki jikinki: ki ci wani abu da safe ko da koko ne ko fura, ki sha ruwa, ki bar shayi mai ƙarfi bayan magariba, ki kashe data ƙarfe goma don gurup ɗin buki ba ya barci kuma ba abin da za a faɗa da dare wanda ba zai jira safiya ba. Ki daina kallon bukin wasu a TikTok cikin kwanakin nan, abin da ake nunawa minti ɗaya ne, ba a nuna bashin. Abin da ya faɗo miki a rai kina kwance, rubuta a kaye ki rufe. Ki riƙe azkar ɗinki na safe da marece, ki sami mutum guda, yaya ko ƙawa ko gwaggon da kuke shiri, wadda za ki faɗa ma komi ba ta kai gaba ba.

In abin ya kai kwana da kwanaki ba barci sam, ko ƙirji na bugawa numfashi na sarƙewa, ko kina rama sosai, ko kina jin rayuwar ma ta ishe ki, wannan ya wuce gajiyar buki, a kai ki likita a ranar, ba kunya a ciki.

Akwai kuma wani abu da nake so ki tambayi kanki ke kaɗai. Hidimar ce ta gajiyar da ke, ko mutumin ne ba ki so? In kinka tuna za a wayi gari buki ya wuce ku biyu kuna gidanku sai kinka ji sanyi a rai, to gajiya ce. In kuwa tunanin nan ne ke sa gabanki faɗuwa, saboda tilas anka yi miki ko kin ga wani hali da ya tsorata ki kamar duka ko shaye-shaye, ki yi istihara kuma ki buɗe baki ki faɗa ma babban da ke jin maganarki tun ba a shafa fatiha ba. Shari'a ta ce a nemi izininki. Iyaye don Allah in ɗiya ta zo da irin wannan magana a saurare ta, kada a ce kunya ce ta amare.

Ni da shi kullum faɗa tunda buki ya matso.

An saba ganin haka, kowa a matse yake, shi kuɗɗi ke kuma hidima. Ku bar maganar balis da kayan ɗaki ga manya, ku kada ku zama 'yan aiken dangi kuna kai ma juna abin da anka ce. In rai ya ɓaci kada a yi bokal, ana ajiye shi kuma ana tura shi.

Ni uwar amarya ce, ina da hawan jini, ga shi komi ni ake nema.

Hajiya Allah shi ba da lafiya, Allah shi sa ki ga na jikoki. Maganinki kada ki tsallake ko kwana guda, ki sa wata ɗiya ta riƙa tuna miki, ki je a auna ki kafin satin buki. Ki naɗa ƙanwarki ko aminiyarki ta zama ita ake tambaya, ke ki zamna ki amshi barka. Arwanka ta ji da amarya, mai makulli ta ji da abinci. Mun sha ganin uwa ta faɗi ranar kai amarya saboda kwana uku ba ci ba barci, ɗiyarki ta fi buƙatarki a tsaye bisa ga kowane tire.

Takardar aure ta meri, wato ofishin magajin gari, dole ce?

Ku yi ta. Dokar 2019 ta ba da kwana 60 a bayyana aure, in ya wuce sai an bi ta kotu, ga wahala ga kashe kuɗi. Za ta yi amfani wajen takardun yara, tafiya, aikin gwamnati da gado. Tun yanzu a tanadi takardun haihuwa da katin ɗan ƙasa na ku biyu da na shaidu, a sa sunan wanda zai bi ta cikin kayen nan, don bayan buki kowa gajiya yake yi a manta.

Baƙi na zuwa daga Yamai da Maraɗi, ina za mu sa su?

Daga Yamai kilomita ɗari biyar da wani abu ne, ta Doso da Dogon Dutsi da Ƙonni, mutum zai iso a gajiye yana son ruwan wanka da wurin kwanciya kawai. A raba su gidajen dangi tun da sati, kowane gida a gaya masa mutum nawa, a kai tabarmi da buta da gidan sauro, a sa saurayi guda mai waya a kunne ya riƙa tarbo su a gar. Su sayi tikitin komawa tun ranar da sunka iso.

Ɗaukar amarya fa, samari sun ce sai an yi kortej babba, wato jerin gwanon motoci.

A nan kam ina roƙo da babbar murya. Mota kaɗan, direbobi manya masu hankali, a tahi a hankali kafin dare ya yi nisa. Wasan moto da gudu da zama bisa tagar mota ya maida bukukuwa da yawa zaman makoki. Babban aboki wannan aikinka ne, ka tara 'yan fada tun kafin ranar ka gaya musu, in sun ƙi ji a sa baban ango ya yi magana.

Satin ƙarshe mi ya rage in yi?

Kaɗan ne in an bi na sama. A kira mai bash da kujeru, mai sono, mai hoto da mai girki a sake tabbatar da rana da awa da cikon kuɗin kowa, a sa kuɗin cikin ambulan daban-daban da suna a ba mai riƙo. A je a duba ɗakin amarya da ido, ƙofa na rufuwa, akwai ruwa, akwai fitila, an yi jere. Ki haɗa ƙaramar jaka da kayan kwana biyu, maganinki in kina sha, caja, takardunki da zinarinki, ki ba yayarki ta riƙe ba a sa cikin kayan da za a loda a mota ba. Ki zagaya ki yi bankwana da tsofaffin gida tun kafin gida ya cika. Daga ranar sa lalle kuma wayarki ta koma hannun babbar ƙawa, duk mai tambayar ina kujeru ina galas ita za ta amsa masa, ta kuma tabbatar an ajiye miki naki abincin kin ci kafin a fara shiga da fita da ke.